Ruwan Hannun Barau Mai Gyartai

A ƙasar da wannan labari ya faru, sana'a a hannu take zaune, kamar yadda gishiri yake zaune a miya. Kowa ya san haka tun daga Dutse har Kafin Hausa, kuma kowa ya san abin da ya zauna a hannu ana iya wanke shi. Shi ya sa za ka ga maƙeri da shagon walda da janareta, ko wanzamin da ya koma aski da inji, yana ta cika baki a majalisa, amma da an ambaci Zauren Hannu sai ya haɗiye yawu ya sauya zance.

Zauren Hannu wani kogo ne mai faɗi a cikin duwatsun bayan garin Dutse, inda shugabannin sana'o'i suke zama. Nan kakanni suka dafa uwar maƙera, ƙarfen da ake ƙira a kansa, suka ƙulla alkawari tsakanin masu sana'a na gari da masu yawo. Mai yawo ya shiga garin da ya ga dama, ba mai tare shi, muddin ya fara gaida mai riƙe da sana'ar a garin, ya miƙa masa goro, kuma bai wuce kwana uku ba. Wannan duk mai sauƙi ne. Mai nauyin ita ce dokar ɗigo uku. Idan ɗan gari ya duba abu ya ce ya mutu, ba ya gyaruwa, sai ya ɗana masa tsinken ƙarfe mai zafi sau uku a gindi. Daga nan baƙo bai isa ya gyara abin ba, ko da zai iya ido rufe. Wai don kada baƙo ya kunyata ɗan gari a gaban matansa. Wanda ya taka wannan doka, wanke masa hannu ake yi, ya koma bai san komai ba.

To, Barau mai gyartai, mutumin Aujara, ya yi shekara arba'in da ɗoriya yana yawo a ƙarƙashin wannan alkawari, bai taɓa taka ko gefensa ba. Ɗinkin ƙwarya ya gada, kaka da kakanni. Yana da tsohon keke da jakar fata, a ciki akwai basilla da zaren kaba da wani ɗan kasko na ruwa. Ɗinkinsa kuwa ba irin na kowa ba ne. In ya ɗinke ƙwarya, bayan kwana uku sai bakin tsagar ya haɗe, zaren ya nutse, ka juya ta ka sake juyawa ba ka ga inda ta fashe ba. Mutanen gidansu kaɗai suka iya wannan, kuma a gidan ma shi kaɗai ya rage. Babban ɗansa yana acaɓa a Kano, ƙaramin yana karatu a Kafin Hausa, kowannensu in an yi masa zancen basilla sai ya yi dariya. Barau ya san abin da ke hannunsa ba shi da na biyu a duniya, kuma, a faɗi gaskiya, yana ji da kansa a kan haka.

Ranar wata kasuwa ya shiga Rafin Kargo, wani ɗan gari a kan hanyar Taura. Mai riƙe da gyartai a garin shi ne Idirisu. Riƙon na gado ne, ubansa ya bar masa, amma Idirisu bai taɓa huda ƙwarya ba tunda uwarsa ta haife shi. Shagon roba gare shi, bokitai da baho da kuloli jere har bakin titi. Abu ɗaya ya riƙe daga gadon, wato tsinken ƙarfen nan, wanda kullum yake cikin murhun mai shayin da ke kusa da shi. Duk matar da ta kawo ƙwarya sai ya ce ta mutu, ya ɗana mata ɗigo uku, ya nuna mata roba mai launi. Tir da wannan riƙo!

Barau ya jingine kekensa, ya yi sallama, ya miƙa goro da hannu biyu ga yaron da ko ɗan cikinsa ya girme shi.

"Baba Barau, har yanzu ana yawon?" in ji Idirisu, idonsa a kan waya. "Ai ƙwarya ta mutu, ku ne kuka ƙi zuwa jana'iza."

"Muna dai taɓawa, Malam Idirisu. A ba mu izini."

"Je ka. In ka samu wadda ban taɓa ba, ka ɗinka."

Barau ya tafi gindin tsamiyar da masu fura suke zama, ya shimfiɗa buhunsa. Ya yi kira, "Gyartai! Ga gyartai!" Har rana ta take bai samu komai ba sai ludayi guda biyu.

Wajen azahar sai ga wata tsohuwar Bafulatana, doguwa, ta zo ta durƙusa nesa kaɗan. Dada Mahbuba ake ce mata, daga wata ruga a bayan gari. Ta kwance wani zane a hankali kamar mai buɗe jariri, sai ga ƙwarya babba, fara fat, an goge ta da farar ƙasa ciki da waje. Barau ya karɓa, hannunsa ya gaya masa shekarunta tun kafin idonsa ya gama dubawa. Irin wannan duma an daina shuka shi. Tsagar ta taso daga baki ta gangara har kusa da gindi.

"Maraƙi ne ya taka," in ji Dada. "Ta kakata ce. A cikinta ake dama nonon suna a gidanmu, ni ma a cikinta aka dama nawa. Jikata ta haihu, suna saura kwana biyar. Mai gyartai, za ta yi?"

"Dada, wannan ko shekara hamsin za ta ƙara."

Ya gyara zama. Ya fara huda gefe da gefe, ramin nan daidai da ɗan'uwansa, ba awo ba zane. Yana ɗinki yana tsoma yatsa a kasko yana shafa wa bakin tsagar ruwa don ta yi laushi. Masu fura suka daina ciniki suna kallo. Ruwan da yake shafawa yana gangarawa, yana wanke farar ƙasa, yana taruwa a gindin ƙwaryar. Saura huda uku ya gama, ya kifa ta a cinyarsa don ya kama ƙarshen tsagar, sai ya gan su: ɗigo uku baƙaƙe, a karkace, sun fito daga ƙarƙashin farin.

Ya ɗago ya dubi tsohuwar, ita ma shi take kallo.

"Dada, kin kai ta wurin na garin?"

"Na kai," ta ce a hankali. "Ko duba tsagar bai yi ba."

"Kika rufe alamar?"

"Ban rufe komai ba. Goge ta na yi. Ƙwaryar kakata ba ta shiga kasuwa da dauɗa."

Allah kaɗai ya san ko iyakar gaskiyar kenan. Matan ruga haka suke yi wa ƙorensu tun fil azal, wannan ba ƙarya ba ne. Kuma Barau yana da mafita a buɗe, domin alkawari ba ya kama mutum sai ya ƙulla ƙullin ƙarshe. Da ya zare zarensa ya miƙa mata kayanta, da shike nan, ya hau kekensa da hannunsa lafiya. Amma ƙwaryar da aka huda aka bari ta fi fasasshiya lalacewa, kafin gobe tsagar za ta bi ramukan ta raba ta biyu. Ya sake duban ɗigon. Ko ɗana su ba a iya ba, ɗaya ya kusa ɓula ƙwaryar. A ce wanda bai san gaban basilla da bayanta ba shi ne zai kashe ƙwarya irin wannan, shi kuma Barau ya sa hannu a binne ta? Tausayin tsohuwar yana ciki, amma kada a yi masa ƙaryar waliyyi, zuciya ce ta fi yawa.

Ya yi bisimilla, ya huda ukun da suka rage, ya ja zare, ya ƙulla.

Can gefen mai shayi, Idirisu yana tsaye ya ɗaga waya. Tun lokacin da ya ga tsohuwar ta nufi tsamiya ya taso, bai ce uffan ba, ya tsaya yana ɗaukar bidiyo har aka gama. Da ya so, da kalma ɗaya ta isa ta tsayar da dattijon.

Kwana uku bayan haka wani maƙeri ya zo Aujara a babur, ya ajiye gawayi guda a ƙofar gidan Barau, ya juya ko ruwa bai sha ba. Sammacin Zaure kenan. Matarsa Kubura ta ga gawayin ta zauna a ƙasa ta ɗora hannu a ka.

"Malam, ka gudu Kano wurin yaro."

"In gudu da me? Duk inda na buɗe jaka, akwai ɗan Zaure a garin."

"To ka ce ba ka gani ba."

Washegari da hantsi ya sa farar rigarsa ta Juma'a, ya hau mota zuwa Dutse, ya ƙarasa cikin duwatsun a ƙafa.

Zaure ya cika. Maƙera a dama, wanzamai da majema da dukawa a hagu, magina da masassaƙa a baya, kowa ya ajiye takalmi da makullin babur a bakin kogo. A tsakiya ga uwar maƙera, baƙa wuluk, kusa da ita ga komin ruwan da maƙera suke kashe zafin ƙarfe a ciki. Uban Zaure, wani ƙaton maƙeri mai suna Jaji, yana zaune a kan buzu. An kawo Dada Mahbuba an zaunar da ita a gefe, ƙwaryar a gabanta.

Aka zagaya da wayar Idirisu hannu zuwa hannu, kowa ya kalla. Sannan aka zagaya da ƙwaryar. Nan fa zaure ya ɗauki gunaguni, domin an nemi ɗinki an rasa. Majemi ya shafa, masassaƙi ya ƙwanƙwasa, wani ya ɗaga ta sama ya haska da fitilar waya. Lafiya lau take kamar yau aka fafe ta. Barau ya ji daɗi, kaico, har a wannan wuri ya ji daɗi.

Talha, shugaban wanzamai, wanda suka yi yawo tare da Barau suna samari, ya yi gyaran murya. "Allah ya ja zamanin Uban Zaure, ni ban ga tsaga ba, ban ga ɗinki ba. A ina laifin yake?"

"Ga ɗigona uku a gindi," in ji Idirisu. "Na ce ta mutu, ga ta a raye. Wane laifi ya fi wannan?"

Jaji ya gyaɗa kai. Daga yadda fuskokin manyan suka sauya, Barau ya gane kyan aikin ya ƙara masa nauyi. Kowannensu yana da abin da ya taɓa ɗana wa ɗigo don ya gagare shi, kuma kowannensu ya hango ranar da wani baƙo zai tona shi.

"Saura tambaya ɗaya," in ji Jaji. "Alkawari ya ce, in mai kaya ne ya rufe alama har baƙo ya ƙulla bai gani ba, baƙo ya kuɓuta, laifi ya koma gidan mai kaya. Shekara bakwai ba wanzamin da zai je musu suna, ba maƙerin da zai wasa musu wuƙa, ba mai haƙa musu rijiya. Dada, ke za mu fara tambaya. Ya gani, ko bai gani ba?"

Barau ya buɗe baki. Tun a mota ya shirya amsarsa, zai miƙe ya ce ya gani, a ƙyale tsohuwa. Yana so a ji ta daga bakinsa, ko ba komai ya fita da wannan. Amma Dada ta riga shi. Ba ta dube shi ba, ƙasa take kallo.

"Ya gani," ta ce. "Ya tsaya ya duba, ya tambaye ni, na gaya masa. Sannan ya ƙulla. Ni ban sa shi ba."

Gaskiya ta faɗa, ba ƙari ba ragi, kuma tana da jariri mai jiran aska gobe. Duk da haka maganar ta soki Barau fiye da yadda ya zata. Ya ce, "Haka ne, ranka ya daɗe," amma ba wanda ya saurara, an riga an wuce wurin.

Da ƙwaryar aka fara. Jaji ya kifa ta a kan uwar maƙera ya ce abin da ɗan gari ya kashe ba ya tashi, ya sauke mata guduma sau ɗaya. Dada ta yi wata 'yar ƙara ta toshe bakinta da gefen mayafi. Ba wanda ya ce mata sannu.

Sannan aka ce Barau ya naɗe hannun riga. Maƙera biyu suka riƙe shi a kafaɗa, Jaji ya kama wuyan hannayensa ya tsoma su cikin komi, ya shiga cuɗawa yatsa bayan yatsa kamar mai wanke hanjin rago. Babu zafi, da ma akwai da ya fi. Abin da Barau ya ji shi ne abubuwa suna zamewa. Tazarar da ke tsakanin huda da huda ta tafi. Nauyin da ake ba basilla a kan tsohuwar ƙwarya da wanda ake ba sabuwa ya tafi. Yadda ubansa ya kama masa babban yatsa yana ɗan shekara bakwai ya ce nan za ka danna, ya tuna ranar sarai, ya tuna rigar da uban ya sa, amma inda ake dannawar ya ɓace. Ruwan komi ya yi fari kamar an zuba masa madara, yana ɗan tururi.

Aka sake shi. Ya dubi hannayensa, ga su nan da kantarsu da tabonsu, amma kamar na aro.

Jaji ya sa aka kwashe ruwan a wani kwanon sha. "Alkawari ya ce sana'a ba ta da laifi, mai ita ne da laifi. Duk ɗan Zauren da ya sha wannan ruwa, abin da ke ciki ya zama nasa. Mai ƙara ne da haƙƙin farko. Idirisu, bisimilla."

Barau ya ɗago kai. A cikin duk baƙin cikin nan sai ya ji wani ɗan sanyi. Ko a hannun wa, in dai ɗinkin zai rayu. Ko a hannun wannan yaron.

Idirisu ya leƙa kwanon ya yamutsa fuska. "Ranka ya daɗe, ni me zan yi da gyartai? In sha in koma gindin tsamiya ina jiran ludayi? Na yafe."

Aka yi dariya. Aka miƙa wa na kusa da shi, wani baduku, ya ce shi takalman kanti ma sun ishe shi baƙin ciki. Majemi Ɗan'inna ya ce yana azumin nafila. Wani magini ya ce a bari sai ranar da gyartai ya ci sarauta, a kira shi ya sha, dariya ta ƙaru har da masu tafawa. Kwano yana tafiya hannu zuwa hannu, kowa ya sunsuna ya miƙa gaba.

"Jama'a, don Allah," in ji Barau. Muryarsa ta fita siririya. "Ba don ni ba. Kaka tara ke cikin kwanon nan. Ba sai mutum ya yi yawo ba, ya sha kawai ya ajiye. Wata rana wani zai nema."

Ya ja gwiwa ya nufi Talha, ya kama gefen rigarsa. "Talha, kai ka san abin da ke ciki. Ka gani da idonka a kasuwanni nawa. Kurɓi ɗaya."

Talha ya karɓi kwanon, ya riƙe shi ya daɗe. Ya dubi Jaji, ya dubi sauran manyan da suka zuba masa ido. Wanda ya sha ruwan mai laifi bayan mai ƙara ya ƙi, an san ɓangaren da ya ɗauka. Ya ce, "Barau, ka yi haƙuri, hannuna ya tsufa da sabon abu," ya miƙa gaba.

"To a ba ni in kai wa ɗana. Yana Kafin Hausa, yanzu zan kira shi, kafin la'asar ya iso."

"Ɗanka ɗan Zaure ne?" in ji Jaji.

"A'a, ranka ya daɗe."

"To ka ji."

Kwano ya gama zagaye ya dawo cike kamar yadda ya tafi, sai dai ya huce. Jaji ya miƙe da shi, ya taka zuwa bakin kogo, jama'a suka bi shi suna neman takalmansu, wasu har sun fara kunna waya. Ya ce alkawari ya cika, Zaure ya bayar, ba a karɓa ba. Ya tuntsurar da kwanon a kan yashi, tsakanin tayoyin babura.

Barau bai san lokacin da ya ratsa mutane ba. Sai ga dattijo mai furfura, da farar rigar Juma'a, rub da ciki a ƙasa, ya kafa baki a jiƙaƙƙen yashi yana tsotsa. Yana tona da yatsu yana bin danshin, yana cusa yashin a baki, yana tauna, yana haɗiya, yana tari. Wani ya ce subhanallahi. Wani ya ɗaga waya. Maƙeran nan biyu suka yunƙura za su janye shi, domin doka ta hana mai laifi shan ruwansa.

"Ku bar shi," in ji Jaji, yana sa takalmi. "Ƙasa ta riga shi."

Aka tayar da babura ɗaya bayan ɗaya, ana kauce masa. Ya ci gaba da tonawa har ya kai ga busasshen yashi. Sannan ya zauna, baki da gemu duk ƙasa, ya ɗaga hannayensa yana motsa yatsun, yana jira ya ji ko wani abu ya dawo. Ya jira har aka kira la'asar a cikin gari.